Kun manta da Damure Zika

Ranka ya daɗe Edita,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka, ina gaishe da sauran ma'aikatan wannan jarida. Ni tsohon malamin asibiti ne, na ajiye aiki, kuma duk shekarun da na yi ina sayen jaridarku ban taɓa ɗaukar alƙalami na rubuto muku ba sai yau. Abin da ya tayar da ni shi ne shafin da kuka yi kwanakin baya a kan 'yan wasan fim na Afirka da suka share wa na baya fage. Na bi sunayen da yatsa har ƙasa, na sake hawowa sama, ban ga Damure Zika ba. Ban ce da gangan kuka yi ba. Mai yiwuwa yaron da ya haɗa shafin bai taɓa jin sunan ba, kuma ba zan ga laifinsa ba, tun da ni kaina sai da furfura ta gama cin kaina sannan na ji shi.

Jikata ce ta haɗa ni da shi. Faransanci take karantawa a jami'a, ta zo hutu da kwamfutarta da wasu tsofaffin finafinai da malaminsu ya ce su kalla. Ina kishingiɗe bayan la'asar ta ce, "Tsoho, taso ka ga ɗan'uwanka, malamin asibiti ne irinka amma shi ya fi ka iya tafiya." Na taso don in rama, sai ga shi mun kai magariba muna kallo, tana tsayar da fim ɗin tana fassara mini. Kafin hutunta ya ƙare mun kalli guda biyar, wasu sau biyu, kuma na sa ta karanto mini abin da aka rubuta a kan mutumin, ni kuma ina rubutawa a bayan tsohon littafin awon marasa lafiya. Daga wannan littafin nake tsamo muku abin da ke tafe.

Faransawa suna rubuta sunansa Damouré Zika. An haife shi wajen 1923 a ƙasar Nijar, cikin Sorko, masuntan bakin Kwara waɗanda mu ke ce wa Sarkawa, gidan da aka gaji kamun kifi da magani. Yana saurayi, a 1941, wani injiniya Bafaranshe mai suna Jean Rouch ya zo Yamai aikin hanya, Damure ya zama ɗan hannunsa. A 1942 aradu ta faɗa wa ma'aikatan hanyar ta kashe mutum goma. Damure ne ya ce wa injiniyan akwai wadda ta san abin da ake yi idan haka ta faru, ya kai shi wurin kakarsa Kaliya. Abin da Rouch ya gani a hannun tsohuwar nan shi ya juya masa rayuwa, ya bar gina hanya ya koma nazarin al'adun mutane, daga baya ya ɗauki kyamara. Yau duk inda ake koyar da fim a duniya ana kiran sunan Rouch. To ka ga tun daga ƙofar farko, wani yaro ne ɗan masunta ya riƙe hannunsa ya shigar da shi.

Daga nan suka ɗinke har mutuwa ta raba, sama da shekara sittin. Damure ya yi masa tafinta, ya yi masa jagora, ya riƙe na'urar ɗaukar sauti, kuma ya tsaya a gaban kyamara. Duk wannan bai sa ya saki aikin lafiya ba. Ya yi aikin jinya, ya buɗe wurin duba marasa lafiya nasa a Yamai, ya daɗe yana yi wa jama'a bayanin kiwon lafiya a gidan rediyon ƙasar. Ya rasu a Yamai ranar 6 ga Afrilu, 2009.

Na san amsar da za a ba ni, domin na riga na ji ta a majalisarmu. Wani abokina, tsohon hedimasta, ya ce, "Ai wannan ba ɗan wasa ba ne. Finafinan Rouch dokumantari ne, fim ɗin gaskiya. Mutum ya fito da sunansa, da tufafinsa, yana abin da ya saba, ina wasa a nan?" A kan wannan maganar ce na ga dole in rubuto, saboda ni an taɓa ɗora mini kyamara, na san abin da ke cikinta.

Ina tsakiyar aiki a lokacin, ina riƙe da wani ƙaramin asibiti, sai aka aiko mana takarda cewa wasu baƙi za su zo ɗaukar shiri a kan rigakafin yara. Suka zo, Turawa biyu da tafinta. Matar da ke ba da umarni ta ce kada in damu, ba sa son komai sai abin da na saba yi kullum: in turo ƙofa, in rataye jakata, in wanke hannu, in kira mace ta farko. Abin da na shekara goma sha ina yi ko da barci nake. Malam Edita, da aka ce an fara, sai na tsaya a bakin ƙofa ina tunanin da wane hannu nake turo ta. Na shigo ina taku ɗai-ɗai kamar wanda aka ɗora wa tulu. Aka ce in sake. Na sake, na manta jakar. Na uku na wanke hannu kamar mai jiran a ba shi maki. Sau shida muka yi. Da aka zo wurin magana kuwa, wata murya ce ta fito daga bakina wadda ni ma ban san ta ba, irin ta mai karanta sanarwar gwamnati, har mai share mana asibiti ya fita waje don kada dariyarsa ta shiga na'ura. Yaron da ke kan cinyar uwarsa kuma an riga an yi masa allurarsa tun a ɗauka ta farko, don haka sauran biyar ɗin auduga kawai nake dangwala masa a cinya, shi kuwa yana ta tsala kuka da gaskiyarsa don ya san abin da ya biyo bayan audugar ɗazu. Da shirin ya fito ban kai minti ɗaya a ciki ba, a ƙarƙashin fuskata an rubuta "ma'aikacin lafiya", babu suna. Ban ji haushi ba, don da an sa sunan ma kunya zan ji.

Tun ranar na gane cewa da zarar an kunna kyamara, mutumin da ka saba zama yakan gudu ya bar ka da gangar jiki. Kafin ka dawo da shi, ya yi tafiyarsa, ya yi dariyarsa, ya faɗi magana a kan gaɓa, sai ka yi aiki, kuma aikin nan shi ne wasan kwaikwayo. Wanda aka ba rubutaccen labari ma yana da abin jingina. Damure ba a ba shi ko layi ɗaya ba.

Bari in ba ka misali da fim ɗin da jikata ta fara nuna mini, mai suna Jaguar. Asalinsa ma abin a ji ne. A farkon shekarun 1950 Rouch ya ɗauki Sarkawan wajen Ayoru suna farautar dorina da zago. A 1954 ya komo musu da fim ɗin, aka kafa farin ƙyalle aka nuna. Masuntan suka kalla, suka ce akwai gyara: kiɗan da ya sa a wurin farauta bai dace ba, don a wurinsu kiɗa ƙarfin zuciya zai ƙara wa dorina. Ya cire kiɗan. A wannan zaman ne Damure, da ya ga kansa a jikin ƙyalle, ya kawo shawarar su yi wani fim ɗin da za su yi wasa a ciki. Ka lura da wanda ya kawo shawarar.

Labarin da suka zaɓa kowa a nan ya san shi, cin rani ne. Samari uku suka tashi daga Nijar zuwa Gwalkwas, wadda ta zama Ghana a 1957: Lam Ibrahim Dia, Bafulatani makiyayi, Illo Gaudel, masunci, da Damure, ɗan birni mai ilimin boko da son 'yan mata. Suka ratsa arewacin Dahomey (Jamhuriyar Benin ta yau), suka ɓulla bakin teku, suka kewaye 'yan kwastan, sannan suka rabu kowa ya nemi abin yi. Illo ya shiga dako a tashar jiragen ruwa ta Accra, garin da kakanninmu ke ce wa Ankara. Lam ya nufi Kumasi. Damure ya samu aiki wurin masu sayar da katako, da aka ga ya iya karatu da lissafi aka ɗora shi a kan sauran leburori, nan take kuwa ya fara yi musu tsawa. Daga baya suka haɗu a kasuwar Kumasi suka kafa teburin 'yan koli. Da damina ta kawo kai suka koma gida, abin da suka yi watanni suna tarawa suka rabar da shi cikin yini guda.

Kyamarar da aka yi aikin da ita Bell & Howell ce ta hannu, wadda ake ɗaure wa wani kamar agogo, ba ta wuce sakan 25 sai ta tsaya a sake murɗawa, kuma ba ta ɗaukar murya. An ɗauki hotunan a 1954 zuwa 1955, bebaye. Sai bayan shekaru aka zaunar da Damure da Lam a ɗakin ɗaukar sauti, aka sakar musu hotunan, aka ce su yi magana. Yawancin abin da mai kallo ke ji, gardamar, tsokanar, kirarin kai, bayanin garuruwan da suka wuce, daga bakinsu ya fito a wannan zama. Fim ɗin bai kammala ba sai 1967. To ina tambayar abokina hedimasta, in an ce wane ya rubuta maganganun fim, wa ya rubuta na Jaguar?

Akwai wuri ɗaya da na sa jikata ta mayar mini har sau uku. Damure ya samu kuɗi, ya sha ado, ya fito titin Accra da taba a hannu, yana tafiya yana rangaji, yana waiwayen dama da hagu, muryarsa kuma daga sama tana bayanin abin da ake nufi da zama "jaguwa", wato ɗan gaye wanda kowa ke kallo, sunan da aka aro daga motar Ingilishi ta masu hali. Abin da ya kama ni shi ne mutum biyu nake gani lokaci guda. Ga saurayin da ke taƙama a titi, da gaske yake jin kansa. Ga kuma wanda ya girme shi da 'yan shekaru yana zaune yana kallonsa, yana zuga shi, yana kuma yi masa dariya a ƙasa-ƙasa. Bai fito fili ya ce dubi wannan sakarai ba, bai kuma bar ka ka ɗauka abin na gaske ne ɗari bisa ɗari ba. Na ga 'yan wasa da yawa da ake biya kuɗi masu nauyi waɗanda ba su iya riƙe abu biyu haka a hannu ɗaya ba.

Amma inda na sallama masa gaba ɗaya shi ne Petit à petit, wato sannu sannu, wanda ya fito a 1971. A nan Damure ya zama shugaban kamfanin shigo da kaya da fitarwa, ya ƙudurta sai ya gina bene mai hawa da yawa, don haka ya tafi Paris ya ga yadda masu zama a irin waɗannan gidaje suke rayuwa. Yana aiko wa abokan kasuwancinsa wasiƙu a kan abubuwan mamakin da yake gani, har suka ɗauka ya taɓu, suka tura Lam ya je ya dubo shi. A cikin yawonsa ne ya ɗauki ma'auni da littafi ya tsaya a dandali yana tare Faransawa masu wucewa. Ya auna wa wannan kai, ya auna wa waccan kafaɗa, ya ce wa wani ya buɗe baki ya duba haƙora, ya tambayi ƙabilarsa, ya rubuta. Abin da masanan Turai suka shekara da shekaru suna yi wa kakanninmu ke nan, suna aunawa suna rubutawa kamar ana cinikin dabba, shi ya juya musu shi a tsakiyar babban birninsu. Kuma suka tsaya! Mutum da kwat ɗinsa da jakarsa ya wangame baki a titi don wani baƙo ya ce ya buɗe.

Jikata tana ta dariya, ni kuwa wani abu na hango wanda ita ba za ta gani ba. Na san wannan tsayuwar. Na san yadda ake ɗan karkata kai, a riƙe haɓar mutum da yatsa biyu, a ce "buɗe" da muryar da ba ta roƙo ba ce ba kuma ta faɗa ba, sannan a sunkuya a rubuta wani abu ba tare da an gaya masa me aka gani ba. Duk wanda ya yi aikin asibiti ya san cewa littafi da alƙalami da rashin murmushi sun isa su sa basarake ya fito da harshe. A ganina daga ɗakin duba marasa lafiya Damure ya ɗauko wannan, ya kai shi titin Paris. Da ya yi murmushi sau ɗaya da wasan ya lalace. Bai yi ba. Wannan ra'ayina ne, ban karanta shi a ko'ina ba, amma ido na sana'a ba ya ɓata ɗan'uwansa.

Sauran zan taƙaita. A Cocorico Monsieur Poulet na 1974, shi da Lam da Tallu Muzuran sun shiga daji sarin kaji da wata kwararrabar mota ƙirar Citroën, suna kwance ta gunduwa-gunduwa don su haye Kwara da ita. A farkon shekarun 1990, sun tsufa, suka yi Madame l'eau, inda fari ya sa suka tafi Holan duba injinan da iska ke juyawa ko za su ja musu ruwa zuwa gona. Mutum ɗaya, suna ɗaya, daga saurayi mai rangaji a Accra har zuwa dattijo mai neman ruwan ban-ruwa, shekara kusan arba'in a gaban kyamara ɗaya. Ban san ɗan wasa da yawa da aka bi rayuwarsu haka ba.

Kada a ce na zo wanke Bature. Ba kowa ne ya yarda da aikin Rouch ba, kuma masu ƙin suna da hujja. Fim ɗinsa Les Maîtres fous, wanda ya ɗauka a wajen Accra a kan 'yan Hauka, masu wani irin bori (kalmar tamu ce, kuma abin daga Nijar ya taso), ya ɓata wa ɗaliban Afirka da ke Paris rai ƙwarai, hukumar Ingila ta hana nuna shi a Gwalkwas, amma ya ci kyauta a Venice a 1957. Damure na cikin waɗanda suka ɗauki sautinsa. Usman Sembene, mai shirya fim ɗan Senegal, ya gaya wa Rouch baki da baki a 1965 cewa irinsu suna kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Magana ce mai nauyi, kuma akwai finafinan da na ga inda ta dace. Sai dai a waɗanda Damure ke gaba, ban ga ƙwaro ba. Na ga mutum da ya san ana kallonsa, ya san wa ke kallon, yake kuma juya mai kallon yadda ya so. In za a yi adalci kuma, Rouch ya yi abin da da yawa ba su yi ba: yakan komo da fim ya nuna wa waɗanda ke ciki, kuma a fim ɗin kajin nan an rubuta cewa aikin Dalarou ne, wato farkon sunayen Damure da Lam da Rouch aka harhaɗa, daga baya aka ƙara na Tallu ya zama Dalarouta. Su da kansu sun san aikin na tarayya ne. Duniya ce ta ɗauki suna ɗaya ta bar ukun. In ka buɗe littattafan da jikata ke karantawa, za ka ga babi-babi a kan dabarar Rouch, Damure kuwa sai a layi ɗaya, "abokinsa", ko "mataimakinsa". Tuwon kowa ya ci, an ce na mai ludayi ne.

Irin wannan fim, wanda babu babban kamfani a bayansa, haka yake cin mutanensa. Ba a kai shi manyan silima, ba a manna hoton ɗan wasa a bango, yawonsa daga bikin finafinai zuwa ajin jami'a ne, kuma a can sunan darakta ake kira. Wanda ya gane haka da wuri yakan koma bayan kyamara. Umaru Ganda ya yi haka. Tsohon sojan Faransa ne da ya yi yaƙi a Indochina, Rouch ya same shi yana aikin ƙarfi a Abidjan ya sa shi a Moi, un noir na 1958. Ya dawo Yamai ya zama darakta, fim ɗinsa Le Wazzou polygame ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka na Wagadugu, a 1972, karon farko da aka ba da ita. Ya rasu a 1981, yau akwai cibiyar al'adu da sunansa a Yamai, akwai kuma kyauta da sunansa a FESPACO. Safi Faye 'yar Senegal, wadda ta fito tare da Damure a fim ɗin Paris, ita ma ta koma ta ɗauki kyamara ta yi suna. Waɗannan ana tunawa da su don sun zama masu fim.

Wadda ta tsaya a gaban kyamara kawai kuwa, a dubi Zalika Sule. Tana 'yar shekara goma sha tara ta fito a fim ɗin kaboyi na Mustafa Alasan a 1966, ta yi finafinan Umaru Ganda, tana cikin matan farko da suka riƙi wasan fim sana'a a wannan yanki namu. Sau da yawa muguwar mace ake ba ta, jama'a kuma suka kasa raba ta da abin da take kwaikwaya, ta sha zagi a gari. Da harkar fim ta durƙushe a Nijar ta shiga matsi, har ta kai ga fita waje aikatau. Sai da Rahmatu Keita ta yi dokumantari a kanta a 2004 sannan wasu suka tuna tana raye. Ta rasu a 2021. Ita ma ban ga sunanta a shafinku ba, amma wannan wasiƙar wata rana ce.

Shi Damure abin da ya tsare masa mutunci, a nawa ganin, bai taɓa ɗora tukunyarsa a kan fim ba. Yana da marasa lafiyarsa, yana da rediyonsa. Mutanen Yamai da yawa sun san shi a matsayin mai magani kafin su san shi a matsayin ɗan fim. Wannan ya ba shi damar yin wasa don yana so, da abokan da yake so, ba tare da ya bi kowa yana roƙon a sa shi ba. Amma kuma shi ya sa aka samu hanyar rage masa matsayi, a ce ai ba sana'arsa ba ce, taya aboki yake yi. Ni kuwa na ce wanda ya kawo shawarar fim, ya ƙirƙiri mutumin da zai zama, ya zuba maganar da bakinsa, ya riƙe sauti in ba shi ke gaba ba, ya yi haka shekara hamsin, in ba a kira shi ɗan wasa ba sai dai a nemo masa sunan da ya fi wannan girma. Har rubutu ya yi. Littafin da yake rubuta abubuwan da suka gani a tafiye-tafiyensu an buga shi a Faransa a 2007, yana da rai.

Ranar 18 ga Fabrairu, 2004, mota ta yi hatsari da dare kusa da Birnin Ƙonni. Rouch, mai shekara 86, ya mutu a wurin. Damure na cikin motar, da Mustafa Alasan, da matar Rouch, Allah ya yi da sauran kwanansu. A Yamai aka binne Rouch. Jaridun duniya suka cika da labarinsa, kuma ya cancanta. Bayan shekara biyar da Damure ya bi shi, in ban da 'yan tsirarun jaridun waje da na Nijar, shiru kake ji. Birnin Ƙonni fa nan ne bakin iyaka, ƙasar Hausa ce, harshenmu ake yi a kasuwarta. Muna iya lissafa 'yan wasan Indiya har da sunayen iyayensu, amma maƙwabcinmu da ya auna kawunan Faransawa a Paris ba mu san an yi shi ba.

Roƙona guda biyu ne, Malam Edita. Na farko, in za ku sake buga irin wancan shafi, a sa sunansa, a sa na Lam da Illo da Tallu, a rubuta su a matsayin 'yan wasa, kada a ce "mutanen da Rouch ya ɗauka". Na biyu, kuna da wakilai, kuma Yamai ba nisa gare ta ba. A tura wani ya nemi waɗanda suka yi aiki da shi a rediyo da waɗanda ya yi wa magani, ya ji yadda mutumin yake in babu kyamara, tun kafin su ma ƙasa ta rufe musu ido. Duk abin da na sani daga fassarar jikata ne da rubutun Turawa, ina so in ji shi daga bakin mutanensa, da Hausa ko da Zabarmanci a fassara mana. In wakilin naku yana son littafin awon nan da na cika da rubutu, zan ba shi aro, da sharaɗin ya dawo mini da shi, don a gabansa akwai sunayen yaran da na yi wa rigakafi.

Na gode da haƙurin karanta dogon surutun tsoho. Allah ya ƙara wa jarida albarka.

Naku,
Tsohon malamin asibiti, mai karatunku